Ƙafar Hagu ta Hom Bak-Lim

Hom Bak-Lim ya zo Dutsen Zinariya, yadda mu Sinawa muke kiran ƙasar Turawan nan, da ƙafa biyu, kamar kowa. Zinariya bai gani ba. Dutse kam ya gani, har ya ishe shi.

A shekararsa ta biyu a aikin layin dogo, suna huda dutse a saman tsaunukan Siyera domin jirgi ya ratsa ta ciki, Turawa suka kawo sabon man nakiya, suka ce ya fi albarushi sauri. Ba su yi ƙarya ba. Wata safiya man ya tashi kafin a ce masa ya tashi, wani ɓarin dutse ya sauko wa Bak-Lim a ƙafar hagu, daga gwiwa zuwa ƙasa. Likitan kamfani ya zo, ya leƙa, ya ɗauko zarto. Shi ma mai saurin aiki ne. Kafin shayi ya huce ya gama, ya wanke hannu, ya ce a jefar da abin a kwazazzabo.

Bak-Lim bai yi ihu lokacin zarto ba. A kan wannan maganar ya yi ihu. Mutum yana komawa wurin kakanninsa yadda uwarsa ta haife shi, da komai nasa. Wanda ya je musu da ƙafa ɗaya, haka zai dawwama, yana ɗingishi a bayan mutane. Ya damƙi rigar Baffa Gin Sik, shugaban ayarinsu, bai saki ba sai da tsohon ya yi masa alkawari za a binne ƙafar kamar yadda ake binne mutum, domin ranar da ya mutu a haɗa su a kai gida tare.

Haka aka yi. Aka naɗe ta a farin ƙyalle, aka haƙa rami a gefen kaburburan mutanenmu, sama da bakin kogon da ake hudawa. Duk wanda aka binne a ƙasar nan ana sa masa jan bulo a cikin rami, da sunansa da garinsu a jiki, domin masu tsintar ƙasusuwa su san ko wane ne idan sun zo bayan shekaru. Aka kira Malam Loi Man-Fun, mai rubuta wa ayarin wasiƙu, wanda ya zauna jarrabawar sarki sau huɗu, ya faɗi sau huɗu, kuma bai yarda kowa ya manta cewa ya zauna ɗin ba. Ya jiƙa tawada, ya naɗe hannun riga, ya yi wa bulon rubutu mai kyan gaske. Kowa ya yaba. Babu wanda ya iya karantawa.

Shekara huɗu suka wuce. Bak-Lim ya sassaƙa wa kansa ƙafa daga guntun katakon dogo, ya zama kukun ayari. Layi ya sauka daga duwatsu, ya ratsa hamada, ya haɗu da ɗan'uwansa mai zuwa daga gabas. Turawa suka sha giya, suka ɗauki hoto, suka taya juna murnar wahalar da suka sha. Ayarin Baffa Sik, mutum goma sha takwas, aka bar su a hamadar Nebada, gefen wani tankin ruwa, suna gyaran layi duk inda ya motsa.

A gida kuwa, a ƙauyen Sek Tong, ba a san komai ba. Bak-Lim yana da tsohuwa da ta haura saba'in, da mata 'yar gidan Eng, wadda ya bari wata biyar bayan aure. Duk wasiƙar da ya sa Malam Loi ya rubuta musu, abu ɗaya take cewa: lafiyarsa lau, an ɗaukaka shi, yanzu mutum goma sha takwas ba sa sa loma a baki sai ya ba da izini. Babu ƙarya a ciki ko ɗaya. Ƙafa ce dai ba ta samu wuri a takardar ba.

Cikin wata na tara, jirgin kaya ya tsaya shan ruwa, ya cire tarago ɗaya ya bar shi a ɗan layin gefe. Wani dogon tsoho ya sauko daga ciki, busasshe kamar kifin gishirin da ake aiko mana daga gida. Situ Wok ke nan, mai tsintar ƙasusuwa na ƙungiyar 'yan gundumar Sunning. Wata uku ya yi yana bin layin daga yamma, yana tone kaburbura, yana wankewa, yana shanyawa, yana jera kowane mutum a ɗan akwatinsa tare da bulonsa. Nan ne zangonsa na ƙarshe. Akwai mutum biyu a bayan tankin ruwa waɗanda zazzaɓi ya ɗauka. Zai tone su, gobe da tsakar rana jirgi mai tafiya yamma ya ja taragon zuwa Babban Birni, daga can jirgin ruwa ya kai kowa gida, har da shi Situ ɗin, wanda ya ce ya gaji.

Matattu sun sauka a sansani, dole a karɓe su. Bak-Lim ya gasa naman alade har fatar ta yi ƙaras, ya dafa kaza ɗungurungum da kanta da ƙafafunta, ya cika kwano uku da shinkafa. Bai taɓa yi wa masu rai irin wannan girkin ba, kuma sun lura. Aka shimfiɗa tabarma a bakin tarago, aka kunna turaren tsinke, aka ƙona takardu masu siffar kuɗi domin mamatan su samu na kashewa a hanya. Situ ya tsaya a ƙofa yana kiran sunaye ɗaya bayan ɗaya daga jikin akwatuna. Wanda ya san mamaci sai ya matso ya sunkuya sau uku. Bak-Lim yana gefe da butar shayi, yana cika ƙananan kofunan mamata.

"Hom Bak-Lim, na ƙauyen Sek Tong," in ji Situ.

"Na'am," in ji Bak-Lim. Ya ɗauka ƙarin shayi ake nema.

"Naka ne? Matso ka gaishe shi."

"In gai da wa?"

"Hom Bak-Lim."

"Ni ne ai."

Situ ya dube shi, ya dubi akwatin, ya sake dubansa. "Kai ne wa?"

"Hom Bak-Lim. Na Sek Tong. Wani kuma aka yi?"

Sai Toi Gat, mai guduma, wanda bakinsa ya fi hannunsa aiki, ya ce, "Shekara huɗu ina gaya muku miyar nan ba mai rai ne ke dafa ta ba, kuna cewa sharri nake yi."

Wasu suka fashe da dariya, wasu suka ja da baya taku biyu, don ba a sani ba. Baffa Sik ya dafe kai. Shi ya fara tunawa da ramin saman dutse.

"Tsoho," in ji shi da Situ, "me aka rubuta a bulon?"

Situ bai ko duba ba. "Hom Bak-Lim, na Sek Tong, gundumar Sunning. Ya koma ranar tara ga wata na goma sha ɗaya."

Duk idanu suka juya kan Malam Loi. Malam ya gyara zaman hularsa.

"Haka ake rubutawa," in ji shi.

"Wa ya koma?" in ji Bak-Lim. "Ƙafa na ce maka, Malam. Ƙafa!"

"Na karanta littattafan da sun fi ka nauyi, da ƙafar da babu ƙafar. Babu inda aka ce ga yadda ake rubuta wa ƙafa. Bulo na mutum ne. Na rubuta na mutum. Kuma ka je ka duba hannun, ko a fadar sarki ba za a raina shi ba."

"Shi ya sa ka faɗi sau huɗu."

"Na zauna sau huɗu," in ji Malam, ya ɗaga kai.

Bak-Lim ya ajiye buta, ya nufi tarago, katakonsa yana ƙwas-ƙwas a kan tsakuwa. "Kai kuma, Tsoho, da ka tona, ba ka ga ƙafa ɗaya ce tal a ramin ba? Babu kai, babu haƙarƙari?"

"A saman dutsen can? Ɗan gidan Hom, na taɓa kai mutum gida da muƙamuƙi da yatsu biyu. Naka da na gani cewa na yi, wannan mai sa'a ne, man nakiya ya bar masa abin kirki."

"Bakin zarto fa? Ba ka gan shi a jikin ƙashin ba?"

"Na gani. Na ce aikin Turawa ne, ba a tambayar dalili."

"To ga ni ka gan ni. Ba ni kayana."

"Ba na bayarwa."

Situ ya faɗi dalilansa a tsaye, kamar mai karanta hukunci. An rufe akwatin, an manna masa takardar ƙungiya. Kafin ya rufe, ya kira kurwar mai shi sau uku a bakin rami, ta shigo a tafi da ita gida, kamar yadda yake yi wa kowa. Hayaƙin turare ya karkata wajen akwatin, wato an amsa. Shekara talatin yana wannan aikin bai taɓa buɗe akwatin da aka amsa a cikinsa ba.

"Wa ya amsa?" in ji Bak-Lim. "Ina nan ina yankan kabeji."

"Oho. Ni dai an amsa mini."

"Ƙafar ce ta amsa," in ji Gat. "Ta ji an ce gida. Ni ma da ni ne ita ba zan jira ka ba, Marigayi."

Baffa Sik ya ja Bak-Lim gefe, ya yi ƙasa da murya. "Ɗana, bar shi ya tafi da ita. Sai ka sa Malam ya rubuta wasiƙa ta bi baya, a ce kana raye."

Bak-Lim yana kallon ƙasa, amma Sek Tong yake gani. Ya ga an shigo da akwatin ta ƙofar ƙauye, an kira wanda ya iya karatu ya karanta bulo. Ya ga matarsa ta sa fararen kayan makoki, an rubuta sunansa a allo an jingina kusa da na mahaifinsa. Ya ga tsohuwarsa, wadda ta yi kwana tara ba ta ci abinci ba da mahaifin nasa ya mutu, lokacin ma tana da ƙarfinta. Akwatin mamaci ba ya ɓata a hanya, kowa yana tsoronsa. Wasiƙa kuwa, cikin uku ɗaya ke isa. In ma ta isa, me za ta ce? Dole ta faɗi ƙashin na wane ne. Dole ƙauye ya ji cewa ɗan gidan Hom, wanda aka ɗaukaka a Dutsen Zinariya, gurgu ne mai wanke wa ƙatti tukunya.

"Ba wasiƙa," in ji shi. "Ba akwati. Ba abin da zai je."

Ya koma bakin tarago, ya kama ƙarfen ƙofa, ya ja jikinsa ya haye. Situ ya kauce masa ba don yana so ba. Akwatuna a jere har rufi, sun fi sittin. Bak-Lim ya samu wuri a tsakaninsu, ya kwance ƙafar katako ya ajiye a gefe, ya miƙe a ƙasa, ya ɗora hannaye a ƙirji.

"Me kake yi haka?" in ji Situ.

"Bulo ya ce na koma. Ƙungiya tana kai wanda ya koma gida. To ga sauran. Ka manna mini takarda."

"Sauka! Ba a haɗa mai rai da matattu a tarago ɗaya."

"Ka zaɓi ɗaya, Tsoho. In ina raye, ba ni ƙafata. In na mutu, rufe ƙofa, iska na damuna."

Situ ya yi faɗa, ya yi barazana da sunan ƙungiya. Bak-Lim ya rufe ido. Rana ta take, lokacin cin abinci ya yi, ya wuce. An cinye naman mamata tun tuni, bai ishi rabin mutane ba. Gat ya shiga tantin girki ya ɗora shinkafa, ta fito ƙasa ƙonanniya, sama ɗanya. Mutum goma sha bakwai suka ɗanɗana, suka ajiye tsinkayensu na cin abinci, suka taso gaba ɗaya zuwa bakin tarago.

"Tsoho Situ," in ji Baffa Sik, "da girmanka. Mun san aikinka mai tsari ne. Amma in ka tafi da wannan mutumin muka koma cin girkin Gat, ka bar mana akwati goma sha bakwai tun yanzu, don kada ka sha wahalar dawowa."

Situ ya kunna turare, ya sunkuya wa akwatunan ya ba su haƙuri, ya ciro ɗaya daga jeri na uku, ya sa wuƙa ya yanke takardar.

"Ungo," in ji shi. "In wani abu ya biyo ka, ba ni ba ne."

Bak-Lim ya tashi zaune ya buɗe. Ƙasusuwa fes, an wanke, an goge, an jera daga ƙwauri zuwa yatsu, kowane ƙarami an ɗaure shi da jan zare kusa da ɗan'uwansa, a kan sabon farin ƙyalle. Bulon yana kwance a gefe. Duk tsawon zaman ƙafar nan a jikinsa, tana taka taɓon gonar shinkafa ba takalmi, tana daskarewa a ƙanƙara, babu wanda ya taɓa kula da ita haka. Ya mayar da murfi. Ya ɗaura katakonsa, ya rungumi akwatin, ya sauka.

A tantin girki ya ɗora shi a kan buhunan shinkafa, inda ruwa ba ya kaiwa. Ya dafa abincin yamma, ya buga kasko. Babu wanda ya zo. Ya sake bugawa. Suna can tsaye nesa, kowa da kwanonsa a hannu, sun yi cirko-cirko.

"Kun ce yunwa kuke ji," in ji Bak-Lim.

"Muna ji," in ji Baffa Sik. "Amma ba za mu ci shinkafar da ƙashin mamaci ya hau kanta ba."

"Wane mamaci? Ga ni, Baffa. Ni na dafa."

"To ƙashin mai rai. Wannan ai ya fi muni. Na mamaci mun san abin da ake yi masa."

"Ƙafar nan da ita nake shiga kicin ɗin kowa kafin a yanke ta."

"Lokacin tana cikin takalmi," in ji Gat daga baya. "Marigayi, ka mayar da ita inda ka samo ta. Tun safe kai kaɗai ka hana mu ci sau biyu, da ranka da babu ranka."

Baffa Sik bai yi dariya ba. Ya ce a fitar da akwatin bayan sansani yau, a zubar da buhun saman, gobe kuma Bak-Lim ya zaɓa: ko akwati ko kicin. Ayari ba zai riƙa yawo da ƙashi daga zango zuwa zango ba. Bak-Lim ya kai akwatin ƙarƙashin tankin ruwa, ya rufe shi da buhu, sannan aka ci abinci, kowa yana tauna kamar ana kallonsa.

Da safe ya dama kunun shinkafa, ya yanka ƙwan gishiri a kai, ya kai wa Situ bayan tanki. Tsohon yana tsugune gaban kwano, yana wanke ƙasusuwan mutum biyun da ya tone, yana jerawa a tabarma. Ya karɓi kunun, ya kurɓa, bai ce ya yi daɗi ba, bai kuma ajiye ba.

"Zan binne ta a nan," in ji Bak-Lim. "A ramin da ka tone. In na mutu sai a zo a haɗa mu."

"Wa zai zo?"

"Ƙungiya."

"Ƙungiya ni ce, kuma gobe war haka ina Babban Birni ina jiran jirgin ruwa. An gama layi. Wa zai sake ba da tarago a zo hamada? In ma an zo, sau ɗaya ake tone mutum. An kira sunanka a bakin rami, an gama da kai. Kai kuma ba a nan za ka mutu ba. Kamfani zai tura ku wani wuri, can za a tsince ka, in an tsince ka." Ya ɗaga wani ƙashi ya duba a hasken rana. "Ka ga wannan? Hannunsa ɗaya babu. Karnukan jeji sun riga ni. Ƙasar nan ba ta riƙe amana."

"To in ɓoye ta a cikin kayana."

"Ka ɓoye. Mutum goma sha bakwai masu jin ƙamshin nama daga bayan dutse ba za su gane ba."

Situ ya ajiye ƙashin a tabarma, ya ci gaba.

"Ɗan gidan Hom, ba ƙafa ce damuwarka ba. Ƙafa ta samu mai kai ta gida, a wanke, a jere. Kai ne ba ka so a ce gurgu." Situ ya nuna tabarma da haɓa. "Wannan mai hannu ɗayan, ni zan miƙa shi ga uwarsa. Ka zo ka gaya mata irin taka masifar, ta taya ka kuka."

"Ban tambaye ka ba."

"Ba ka tambaya ba. Kunun ne ya yi gishiri, ya sa ni magana."

Bak-Lim ya karɓi kwanonsa ya tafi. Ya wanke tukwane. Ya jiƙa busasshen kabeji. Ya tafasa shayin da ake kai wa masu aiki, ya cika gwangwanaye biyu. Rana ta yi sama. Can yamma babu komai, can gabas, inda ƙarafa biyu suke haɗewa a ido, wani ɗan baƙin hayaƙi ya ɓullo. A hamada ana ganin jirgi tun yana da sauran sa'a guda.

Ya je ƙarƙashin tanki ya ciro bulon daga akwati. Ya zauna a kan layi, ya riƙa goga fuskar rubutun a jikin dutsen wasa wuƙarsa, yana zuba ruwa, yana gogawa, har jan gari ya ɓata masa wando, har babu sauran baƙi ko ɗigo. Sannan ya ɗaga murya.

"Malam! Kawo tawadarka."

Malam Loi ya zo, ya ga abin da aka yi wa rubutunsa, ya kama ƙirji. "Hannun da ya fi kowane hannu a layin nan!"

"Zauna. Abin da na faɗa za ka rubuta. Ba abin da littafi ya ce ba."

Mutane suka fara taruwa. Situ ma ya zo, ya tsaya da hannu a baya.

"Rubuta: Ƙafar hagu ta Hom Bak-Lim, na Sek Tong."

Malam ya rubuta, yana tsaki.

"Dutse ya faɗa mata shekara huɗu da suka wuce. Mai ita yana raye. Kuku ne."

"Kuku?" in ji Malam. "Haba. Bari in sa, mai kula da cimar jama'a. Ko a ce, wanda ya ba da gaɓarsa domin…"

"Kuku."

"Mutanen ƙauye za su karanta fa."

"Don su aka rubuta. Kuku. Sannan ka sa: a haƙa rami na cikakken mutum, a ajiye ta a ƙasa ta hagu. Saura na nan tafe."

Gat ya buɗe baki zai yi magana, Baffa Sik ya taka masa ƙafa.

Malam ya gama, ya hura, ya miƙa. Bak-Lim bai karɓa ba. "Ba Tsoho ya karanta mini. Da ƙarfi."

"Ba ka yarda da ni ba ke nan?"

"Na yarda da kai sau ɗaya, ka kashe ni."

Situ ya karanta, kalma bayan kalma. Daidai yake, sai dai Malam ya ƙara sunansa a ƙasa, ƙanana, a matsayin wanda ya rubuta. Aka bar masa.

"Ban taɓa ɗaukar na mai rai ba," in ji Situ.

"Ka ɗauke shi wata uku ba ka sani ba, bai cije ka ba."

Situ ya yi ɗan tunani. Ya ce ba zai mayar da shi cikin jeri ba, ba kuma zai manna masa takardar matattu ba. Zai ajiye shi a bakin ƙofa, kusa da tabarmarsa, kamar kayan saƙo. Bak-Lim ya ce ko a kai zai ɗora shi, shi ya sani. Ya sa bulon a ciki da hannunsa, ya gyara ƙyallen, ya daɗe bai rufe ba. Sannan ya rufe, ya buga ƙusa huɗu.

Jirgi ya iso, ya sha ruwa, ya ja da baya ya kama taragon. Wani Bature mai jan gemu ya leƙo, ya ga Sinawa tsaye a jere sun sunkuyar da kai, ya daka musu tsawa su koma aiki. Babu wanda ya motsa. Situ ya hau, ya zauna a bakin ƙofa, akwatin a gefensa. Ƙafafun tarago suka fara juyawa.

"Ɗan gidan Hom!" in ji shi. "Sek Tong ba ta da nisa da garinmu, ni zan kai da kaina. Tsohuwa za ta tambaye ni yadda na gan ka. Me zan ce mata?"

Bak-Lim ya bi taragon taku uku, ƙwas, ƙwas, ƙwas, ya tsaya.

"Abin da ke bulon. Kada ka rage."

"In ƙara fa?"

"Ka ce ka gan ni a tsaye."

Jirgi ya yi yamma. Bak-Lim ya kakkaɓe jan garin da ke wandonsa, ya juya ya ga mutum goma sha bakwai sun zuba masa ido.

"Me kuke kallo? Wanda bai wanke kwanonsa ba, ba zan zuba masa ba."